Lamba Biyar: Lamarin Wata 'Yar Wasan Baya Daga Sakkwato

Ni malamar motsa jiki ce a wata makarantar sakandare ta 'yan mata a cikin garin Sakkwato. Lamarin da zan bayyana na ɗaliba ɗaya ne, kuma zan sakaya sunanta da unguwarsu. Zan kira ta da sunan da ƙawayenta suka laƙaba mata a fili, wato Lamba Biyar. Na nemi izinin mahaifinta kafin in ɗauki alƙalami, ya ce in rubuta, wataƙila wani uban ya amfana.

Filinmu ba shi da ciyawa, jar ƙasa ce da tsakuwa. Daga Maris zuwa Mayu, lokacin da zafin Sakkwato ke haura digiri 40, ba ma fita sai rana ta yi sanyi bayan la'asar. 'Yan matan suna wasa da dogon wando, da riga mai dogon hannu, da ƙaramin hijabi da ake cusawa cikin wuyan riga. Idan na ce a raba ƙungiya, kowace yarinya gaba take so, domin wadda ta zura ƙwallo ita ake yi wa tafi. Lamba Biyar kaɗai ce ke komawa baya ba tare da an tura ta ba.

Wanda bai san ƙwallo ba zai iya kallon wasanta daga farko har ƙarshe bai ga komai ba. Ba ta yawan zubewa ƙasa don ƙwace ƙwallo, ba ta kuma dukan ƙafa. Idan 'yar gaba ta taho da gudu, sai ta karkata jikinta gefe guda, ta riƙa ja da baya a hankali, ta toshe hanyar tsakiya, ta bar wa yarinyar hanyar bakin layi, inda babu abin tsoro. Tana lura da ƙafar da abokiyar karawarta ta fi ƙwarewa da ita, sai ta tilasta mata amfani da ɗayar. Idonta yana kan ƙugun mai ƙwallo, domin ƙafa tana yaudara, amma inda ƙugu ya juya nan jiki zai bi. Kuma bakinta ba ya shiru: "Ke fito! Ki riƙe ta! Mu hau!" Da muryarta take jera sauran 'yan bayan a layi ɗaya har 'yar gaban ta faɗa satar gida. Waɗannan abubuwa ne da ake shafe shekaru ana koya wa manya. Ita ta tsince su ne a lungun gidansu, inda yayyenta maza kan ce mata "ke tsaya baya" don kada ta hana su cin ƙwallo. Tana da kamar shekara 12 Inna, mahaifiyarta, ta ce ta girma, wasan lungu ya ƙare. Daga nan filin makaranta ya zama wuri ɗaya tak da ƙafarta ke taɓa ƙwallo.

Kuskurena na farko a nan yake. Na ga baiwar, na yi murna, amma ban taka na je gidansu na yi wa iyayenta bayani ba. Na bari har wani baƙo ya riga ni.

Hoton cikin waya

A gasar cin kofin duniya ta mata ta 2023, wadda aka yi a Ostareliya da New Zealand, 'yan bayan Najeriya ne suka riƙe ƙasar. Wasa 4 Super Falcons, wato ƙungiyar matan Najeriya, suka buga. An tashi babu ci da Kanada, babu ci da Ireland, babu ci da Ingila har bayan ƙarin lokaci, sai a bugun fenariti Ingila ta fitar da su. Ƙwallo 2 kacal suka shiga ragarsu a duk gasar, a wasan da suka doke Ostareliya mai masaukin baƙi da ci 3 da 2, kuma ɗaya daga cikin ƙwallayen Najeriya a ranar 'yar baya ce ta ci, Osinachi Ohale. Ɗalibaina sun riƙa jero sunayen Ohale da Ashleigh Plumptre da Michelle Alozie da Oluwatosin Demehin kamar 'yan unguwarsu.

Amma abin da ya taɓa zuciyar Lamba Biyar daga Maroko ya fito. Ranar 30 ga Yuli, 2023, Nouhaila Benzina ta shiga wasan Maroko da Koriya ta Kudu sanye da hijabi, ta zama mace ta farko da ta buga gasar kofin duniya ta manya da kai a rufe. Maroko ta ci 1 da nema. Da aka koma makaranta yarinyar ta same ni da hoton, wanda ta sa yayanta ya ajiye mata a wayarsa, ta ce, "Malama, kin ga wagga? Ita ma baya take bugawa, kuma da hijabinta."

Na ba ta tarihin abin. A 2007 aka fara hana 'yan wasa rufe kai a wasannin da ke ƙarƙashin FIFA, hukumar ƙwallon ƙafa ta duniya. A 2011 an hana matan Iran buga wasan neman gurbin Olamfik da Jodan saboda suturarsu. A 2012 aka ba da damar gwaji, sai a 2014 aka halatta rufe kai gaba ɗaya a dokokin wasa. Ta saurara har na gama, sannan ta ce, "Ashe ba dokar ƙwallo ce ta hana ni ba." Ban samu amsar da zan ba ta ba a ranar.

Baƙo mai albishir

A wannan gasar FIFA ta ware wa kowace 'yar wasa kuɗinta: dala 30,000 ga wadda ƙasarta ta tsaya a rukuni, dala 60,000 ga wadda ta kai zagayen ƙasashe 16, inda Najeriya ta kai. Rediyo ya faɗa, majalisun bakin titi suka ɗauka, aka riƙa juya kuɗin zuwa naira. Baffanta, ƙanin mahaifinta, wanda shi ya fi kowa faɗan ɗiya mace da ƙwallo, shi ne ya fara cewa ashe abin akwai ci.

Da hunturu ya shigo muka je wata gasar makarantun 'yan mata. Bayan wasa wani mutum mai shiga ta kamala ya tare yayanta, ya karɓi lambar waya. Cikin mako guda ya kira ya fi sau biyar. Ya ce shi ejan ne, wato mai nema wa 'yan wasa ƙungiya, yana da hanya a Legas, daga can sai Turkiyya cikin 'yan watanni. Abu biyu yake so. Na farko kuɗin fasfo da biza da na mota, adadin da mahaifinta, wanda fataucin albasa yake yi, sai ya sayar da buhuna masu yawa kafin ya haɗa. Na biyu, a rage mata shekara biyu a takarda don ta samu shiga ƙungiyar ƙasa ta 'yan ƙasa da shekara 17. Yarinyar tana gab da cika 17 a lokacin.

Da yayan ya kawo mini maganar, nan take na ga inda ta karye. Dokar FIFA ta sauyin 'yan wasa, sashe na 19, ta hana a ɗauki ɗan wasa ko 'yar wasa zuwa ƙungiyar wata ƙasa kafin cika shekara 18, in ban da wasu 'yan dalilai, kamar iyaye su ƙaura zuwa ƙasar don wani abin da bai shafi ƙwallo ba. To wanda zai mayar da ita 'yar 15 a takarda, ta yaya zai kai ta Turkiyya cikin 'yan watanni? Baki ɗaya, magana biyu. Ga kuma ranar haihuwarta tana rubuce a rajistar makaranta da lambar NIN, kuma da ita za a yi mata rajistar WAEC. Duk ranar da takardun suka saɓa wa juna, yarinyar ce za ta ɗauki sunan maƙaryaciya har iyakar rayuwarta, shi kuwa ya daɗe da sauya layin waya.

Washegari na aika a nema mini izinin ganin Alhaji, mahaifinta.

Zaman zaure

Bayan sallar isha'i aka shimfiɗa tabarma a zaure. Alhaji yana zaune, Baffa a gefensa, yayan yana bakin ƙofa. Ni da wata abokiyar aikina muna daga ciki kusa da labule. Na shiga da zaton zan sha wa'azi a kan ɗiya mace da gudu a fili. Bayan gaisuwa sai Alhaji ya ce:

"Malama, tambayata huɗu ta. In ta tahi, gidan wa za ta kwana? Wa ka biyanta, kuma nawa? In ƙahwa ta karye, wa ka ɗaukar magani? In ƙwallon ya ƙare, mi za ta komo ta yi?"

Na yi shekaru ina koyar da wannan fanni, kuma ban san tambayoyin da suka fi waɗannan dacewa a yi wa kowace ƙungiya a duniya ba. Mutumin da bai taɓa zama ya kalli wasa har ƙarshe ba ya tambayi masauki, da albashi, da jinya, da rayuwar bayan ritaya. Masu cewa jahilci ne ke sa iyayenmu na Arewa hana 'ya'yansu mata wasa, da sun zauna a wannan zauren da sun rage gaggawar yanke hukunci.

Na zo da takarda ɗaya da na rubuta da hannuna, tarihin Onome Ebi. Na zaɓe ta ne don lamba ɗaya suke bugawa da ɗiyarsa, kuma don duk Najeriya babu 'yar bayan da ta kai ta daɗewa. Na ce, Alhaji, ga wadda ta kai ƙololuwa. Mu auna da ita.

An haife ta a Legas a 1983. Ta je kofin duniya na farko a Amurka a 2003, tana da shekara 20. Ta sake zuwa a Sin a 2007, a Jamus a 2011, a Kanada a 2015, a Faransa a 2019, sannan a Ostareliya a 2023 tana da shekara 40, inda ta riƙa shigowa daga benci. Kofin duniya 6 ke nan, abin da babu wani ɗan Afirka, namiji ko mace, da ya riga ta yi. Ta ɗauki kofin Afirka sau 4, a 2010, 2014, 2016 da 2018, ta kuma buga Olamfik a Beijing a 2008. Baffa yana ta gyaɗa kai.

Sai na juya takardar. Na ce, wannan matar ba ta samu ƙungiya a Turai ba sai a 2009, lokacin da ta bar Bayelsa Queens zuwa Piteå a arewacin Suwidin. Ta haura shekara 25, ta riga ta buga kofin duniya 2 da Olamfik. Ga wadda duniya ta gani da ido, sai da ta yi wannan jiran. Shi kuma baƙonku yana cewa yarinyar da ba ta taɓa buga wasan lig ko ɗaya ba za ta sauka Turkiyya kafin damina. Kuma bayan Ebi ta fita ba zama ta yi wuri ɗaya ta huta ba. Daga Piteå sai Djurgården a Stockholm, sai Turkiyya inda ta buga wa Ataşehir Belediyespor a Istanbul, sai Minsk a Belarus, sai Henan a ƙasar Sin, sai Levante Las Planas a Sifaniya a 2022, sannan ta dawo lig ɗin gida. Ƙasashen waje 5, harsuna daban, abinci daban, sanyin da ɗan Sakkwato bai taɓa mafarkinsa ba. Haka sana'ar take ga mafi yawan mata, musamman 'yan baya. Kwantiragi gajere ne, kuma mai saye ya fi buɗe aljihu ga mai cin ƙwallo, domin ita ake gani a bidiyo. Ƙwallon da 'yar baya ta hana a ci ba ya shiga lissafin kowa. Abin da ke riƙe ta a sana'ar shi ne lafiyar jiki, da natsuwa, da sunan da ta yi na cewa ba ta ba da kunya, shekara bayan shekara.

A kan tambayarsa ta biyu da ta uku ban ɓoye masa komai ba. A Disamban 2016 Super Falcons suka doke Kamaru 1 da nema a Yawunde, a gaban 'yan kallonta, suka ɗauki kofin Afirka. A wannan wasan Ebi ta ji mummunan rauni a hannu. Da suka dawo Abuja sai da suka ƙi fita daga otal, suka yi tattaki zuwa Majalisar Tarayya, kafin a biya su haƙƙoƙinsu. A 2019 a Faransa, bayan Jamus ta fitar da su, sun sake zaman dirshan a otal kan bashin alawus. Bayan gasar 2023 ma sai da ƙungiyar 'yan wasa ta duniya, FIFPRO, ta fitar da sanarwa tana mara musu baya kan kuɗaɗen da suke bi. Na ce, Alhaji, idan zakarun nahiya sai sun yi haka, ka ga yarinyar da ta tafi babu takarda a hannu ba ta da wanda za ta kai wa kuka.

Na kuma yi masa bayanin gwiwa. Akwai wata jijiya a tsakiyar gwiwa da ke riƙe ƙashin cinya da na ƙwauri, wadda kan tsinke idan mutum ya juya da sauri ko ya diro a karkace, kuma 'yan wasa mata sun fi maza fuskantar wannan. Magani sai tiyata, jinya kuwa watanni 9 zuwa shekara. Kyaftin ɗin Ingila, Leah Williamson, ita ma 'yar baya, haka ta same ta a Afrilun 2023, ta rasa kofin duniya. Ita tana da Arsenal a bayanta da likitocinta. Tamu in ta faru, gida za a dawo da ita, a nemi mai ɗori.

Alhaji ya yi shiru. Can ya dubi ƙaninsa ya ce, "Ka jiya? Hangen Dala ba shiga birni ba na." Sannan ya ce da ɗansa ya kira baƙon a gabanmu. Na ce a tambaye shi abu biyu: lambar lasisinsa na ejan, wanda FIFA ke bayarwa bayan jarrabawa, da wasiƙar gayyata daga ƙungiyar, mai hatimi da lambar sakatarenta. Ya ce zai turo gobe. Har yau goben ba ta yi ba.

Cikin gida

Korar baƙo ita ce mai sauƙi. Mai wuyar tana ɗakin Inna.

Ta riƙe hannuna ta ce, "Malama, ke ma uwa ta. Ɗiyar da duk gari ya gani tana gudu gaban maza, wa ka zuwa neman ta?" Na gaya mata cewa akwai 'yan wasa masu aure da 'ya'ya, kuma tun 2021 dokar FIFA ta ba ƙwararriyar 'yar wasa hutun haihuwa na aƙalla mako 14 da kashi biyu cikin uku na albashinta, ta kuma hana a kore ta don ta samu ciki. Amma ina faɗa ina jin raunin maganar. Dokar tana aiki ne ga mai rubutaccen kwantiragi. Kuma Inna ba hutun haihuwa take tambaya ba, bakin mutanen unguwa take ji, da ranar da dangin miji za su zo bincike. Wannan tsoro ne na gaske, kuma babu wata doka daga Zurich, hedikwatar FIFA, da ke kashe shi.

Bangaren addini Alhaji ya kai wa limamin masallacinsu, ba da ni aka je ba. Abin da ya dawo da shi shi ne, motsa jiki ga mace a tsakanin mata babu laifi, an ma ruwaito cewa Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya yi tseren gudu da Nana A'isha. Inda maganar take shi ne tafiya mai nisa ba da muharrami ba, da sutura, da idon maza. Ni ba malamar fiƙihu ba ce, kuma ban yi gardama ba. Abin da na ga wajibina ne shi ne kada in yi musu kwalliya da gaskiya. Na ce wasan ƙwararru a gaban maza ake yin sa, kuma sau da yawa kocin namiji ne, har a ƙungiyar ƙasa. Hijabi da dogon wando doka ta yarda da su. Saudiyya ma ta buɗe gasar lig ta mata a 2022, kuma Plumptre ta koma Al-Ittihad ta Jidda a 2023. Amma filin da babu namiji ko ɗaya a cikinsa, babu shi a wannan sana'a. Hukuncin nasu ne, ba nawa ba.

A hanyar komawa gida na riƙa tunanin Nana Asma'u 'yar Shehu. Ba ina kwatanta ƙwallo da ilimi ba ne, nesa ba kusa ba. Tsarinta nake tunani. Da ta so ilimi ya isa ga matan ƙauyuka, ta san tambayar da mazaje da iyaye za su yi: wa zai tafi, da wa, a hannun wa? Sai ta naɗa jajis, dattawan mata amintattu, su jagoranci 'yan taru zuwa wurinta su koma da karatu. Ta amsa tsoron mutane da tsari. Mu kuwa a wannan garin nata, muna da yara masu baiwa, muna da iyaye masu tambaya, amma abin da zai haɗa su, wato ƙungiyar gida da mata ke riƙe da ita, da gasar da ake bugawa duk shekara, da amintacciyar mace da za a danƙa wa yarinya, shi ne bai zauna da gindinsa ba. Manyan ƙungiyoyin lig ɗin mata suna Fatakwal, da Yenagoa, da Benin, da Asaba, da Legas. Na kusa da mu su ne irin Nasarawa Amazons a Lafiya, da Adamawa Queens a Yola, da Naija Ratels a Abuja, kuma kowace cikinsu tafiyar yini ce ko fiye, a kan hanyoyin da kowa ya san halin tsaronsu.

Bayan kwana uku Alhaji ya yanke magana. Ba za a taɓa shekarunta ba, ba za a ba kowa sisi ba. Za ta gama sakandare ta rubuta WAEC, ta cika 18. Bayan nan, in akwai ƙungiya mai rajista da ta yarda ta gwada ta, yayanta zai kai ta ya dawo da ita. In sun ɗauke ta, yana son amsar tambayoyinsa huɗu a rubuce, da sa hannu. Inna ba ta ce ta yarda ba, ba ta kuma ce ta ƙi ba.

Gwaji

Shekara da rabi muka yi muna shiri. Na ƙara mata atisayen ƙarfafa cinya da ƙugu, da koyon dirowa da gwiwa a lanƙwashe, don kare jijiyar nan. Sau biyu na samu na kai su filin wasa na Giginya don ta san faɗin cikakken fili. Amma akwai abin da ba ni da ikon ba ta. 'Yar baya da 'yan gaban da take karawa da su take girma, ita kuwa ta riga ta haddace duk 'yan gaban makarantarmu, ta san inda kowace za ta juya tun ba ta juya ba. Babu mai wahalar da ita, kuma wanda ba a wahalar da shi a fili ba ya ƙaruwa.

Ta rubuta jarrabawarta a 2025. A watan Yuli na shekarar Super Falcons suka farke ƙwallo 2 da Maroko ta zura musu a Rabat, suka ci 3 da 2, suka ɗauki kofin Afirka na 10, kuma Shugaba Tinubu ya sanar da kyautar kwatankwacin dala 100,000 da gida da lambar girma ga kowace 'yar wasa. Baffa ya sake zuwa da lissafi. Alhaji ya ce masa 'yan wasa nawa ne a Najeriya, nawa kuma suka je Rabat?

Ta hanyar wata tsohuwar abokiyar karatuna na samu wata ƙungiya a yankin tsakiyar ƙasar nan ta yarda ta duba ta na mako guda. Na yi waya da jami'ar da ke kula da masaukin 'yan wasan, na tabbatar mace ce. Yayanta ya raka ta, suka bi ta Gusau da Funtuwa da Zariya, ya kama ɗaki kusa da sansanin.

Da ta dawo ta ba ni labari ba tare da ta rage komai ba. Ranar farko an wuce ta sau uku cikin minti 20. Ta ce ba ta taɓa ganin mace mai irin wannan gudu ba, kuma ƙwallon yana santsi a ciyawa, yana isowa kafin ta shirya. Da dare ta yi kuka. Rana ta uku ta gano cewa in ta ƙara ja da baya taku biyu kafin a bugo ƙwallon, gudun yarinyar ba zai yi mata amfani ba. Rana ta biyar ta fara magana a fili, har 'yan bayan da suka girme ta suna bin muryarta. Babu wanda ya ce uffan a kan hijabinta. Kocin ya gaya wa yayanta cewa kanta ya fi ƙafarta, ƙafa kuwa ana iya gyara ta. Ya ce ta zauna tare da ƙaramar ƙungiyarsu, za a ba ta abinci da wurin kwana, in ta yi kyau a yi mata rajista a kaka mai zuwa. Albashi babu tukuna. Da yayan ya nemi a rubuta, har da batun jinya, sai aka ce ba a yi wa 'yan gwaji takarda.

Yayan ya kira gida. Alhaji ya ce su taho.

Na daɗe ina juya wannan hukunci a raina. Na san 'yan wasa da dama haka suka fara, da abinci da katifa da alkawarin baki, wasu kuma sun kai inda suka kai. Na san kuma duk watan da ta yi a gida, takwarorinta na can suna ƙara nisa, kuma shekarun koyon gudu ba sa dawowa. Yana yiwuwa ƙofar da aka rufe ranar ita ce kaɗai da za ta buɗe mata, kuma wannan yana ci mini rai. Duk da haka ina ganin Alhaji ya yi daidai. Waɗanda suka tsira ta wannan hanyar su muke gani a talabijin. Waɗanda suka dawo da gwiwa a kumbure, babu takardar makaranta, babu ko kuɗin mota, ba wanda ke ɗaukar hotonsu. Kuma abin da ya nema bai fi ƙarfin kowace ƙungiya ba: shafi ɗaya da ke cewa ga inda za ta kwana, ga mai kula da ita, ga wanda zai biya asibiti. Na rubuta wa ƙungiyar da kaina, na tura musu samfurin shafin, na ce ko babu albashi a farko, a sa hannu a kan sauran. Jami'ar ta amsa cewa za ta kai wa shugabanni idan an buɗe rajistar 'yan wasa.

Sakamakon jarrabawarta ya yi kyau. Yanzu tana kwalejin ilimi a nan Sakkwato, tana karanta ilimin motsa jiki da lafiya. Da asuba tana gudu a tsakar gida da igiyar tsalle, yayanta yana riƙe mata agogo. Ranar Talata da Alhamis bayan la'asar takan zo filinmu ta karɓi 'yan aji ɗaya da biyu, kuma a bana yara shida ne suka ce baya suke so. Inna ce ke ɗinka musu ƙananan hijaban, wai na kasuwa suna zamewa.

Makon jiya na bi ta kasuwa, na tarar da Alhaji yana sa ido ana loda buhunan albasa a mota. Muka gaisa, na wuce. Har na yi nisa sai ya ɗaga murya ya ce, "Malama! Takardar nan ta iso?"

Na ce tukuna, Alhaji.

Ya ce, "To, ki ƙara tuna musu."